Kawu, Wanda Ya Sha Mutuwa a Majigi

Daga Allah muke, gare Shi kuma komawarmu take. Kawu, yayan mahaifiyata, ya riga mu tafiya a hunturun da dusar ƙanƙara ta toshe hanyoyin jihar Maryland ta Amurka. Ya haura shekara tamanin. An binne shi a ƙasar da sai da inji ya fasa ta saboda daskarewa, nesa da zongon Kumasi inda aka yanke cibiyarsa.

Na zauna makokinsa a gidan babban ɗansa a garin Clinton, ina sauraron abin da mutane ke faɗa, raina yana ɓaci. Wani ya shigo yana kakkaɓe takalmi, ya ce, "Ashe tsohon yana nan tare da ku? Na zaci tuni ya koma gida." Wata ta ce, "Allah sarki, bawan Allah, ba ruwansa da kowa, kullum yana bakin taga." Wani direban tasi ya shafa fatiha a tsaye da makullin mota a hannu, domin ya yi fakin a ƙofar maƙwabci, yana tsoron a janye masa motar. Mata suka sauke manyan farantan wake da shinkafa, suka ce a yi haƙuri, lokacin shiga aikinsu ya kusa. Ban ga laifinsu ba. Ni ma aikin kula da tsofaffi nake yi a dogayen benayen Alexandria, na san aikin ƙasar nan ba ya jiran makoki. Abin da ya ƙona mini rai kalma ɗaya ce da kowa ya yi ta maimaitawa, wai Kawu mutum ne shiru-shiru.

Da liman ya tashi yin addu'a, ya tambayi babban ɗan mamacin sana'ar da mahaifinsa ya yi a duniya. Yaya, wato babban ɗan nasa, ya ce, "Fataucin goro." Ni da Yaya taubasai ne, tun muna yara ba abin da ba na faɗa masa, amma ran nan na kalle shi kawai na haɗiye. Bai yi ƙarya ba, Kawu ya sayar da goro. Sai dai ba da goro ya ce a tuna da shi ba. Ya roƙe ni abu guda kafin ya rasu: a wurin makokinsa a faɗi cewa shi ɗan wasan majigi ne. Babu faifai ko ɗaya a hannunmu, babu hoto, sunansa ma ba a taɓa rubuta shi a jikin fim ba. In bakinmu bai faɗa ba, aikin nan ya bi shi kabari.

Bari in faɗi yadda abin ya faro, kamar yadda ya sha ba ni labari. Yana saurayi a zamanin Turawa, aikinsa kiran fasinja a tashar mota. Lokacin ne majigi ya fara magana, bayan an daɗe ana kallon hotuna bebaye wani yana fassarawa da lasifika. Wani Bature mai shirya finafinan wayar da kai ya zo tashar neman mota, ya ji muryar Kawu ta danne ƙarar injuna, ya sa aka kira shi. Haka ya tafi Akra. Finafinan nan duk tsarinsu ɗaya: mutum biyu, mai hankali da wawa. Mai hankali ya tafasa ruwa, ya haƙa masai, ya kai ɗansa asibiti. Wawa ya sha ruwan kududdufi, ya raina likita, ya hau saman kayan babbar mota. Ƙarshen wawa kullum makara ce. Kawu bai taɓa fitowa a mai hankali ba.

"Na tambayi Baturen dalili," in ji shi. "Ya ce wancan yaron ya fi ni kyan fuska, ni kuma na fi shi iya faɗuwa. Wancan ɗin daga baya aka ba shi aikin ofis. Ni aka ba ni sabon likkafani."

Ya ce a farkon abin na'urar ɗaukar magana ba ta da ƙarfi, sai a ɓoye ta cikin tulu ko a rataye ta a gora saman kai. Dole ka tsaya inda aka ja maka layi a ƙasa, ka karkata bakinka wajen tulun, ka yi magana kamar da shi kake hira. Kyamarar kanta ƙara gare ta, sai an lulluɓe ta da barguna, mai ɗauka yana ciki yana tsiyayar gumi. Zakara ya yi cara, a sake. Akuya ta yi kuka, a sake. Wannan "a sake" ita ta bi shi har tsufa. Jikokinsa haihuwar nan ne, suna jin Hausa amma da Turanci suke amsawa. In ɗayansu ya wuce ya jefa masa gaisuwa a tsaye, sai ya tafa hannu sau ɗaya ya ce, "A sake! Ba ta shiga tulu ba." Dole yaro ya dawo ya durƙusa ya ce ina kwana da kyau. Kuma ba ya fara magana mai muhimmanci in firij yana gurnani. Sai ya ɗaga yatsa ya jira injin ya huta.

Ni sunan mahaifiyarsa aka sa mini, don haka bai taɓa kiran sunana ba. Inna yake ce mini. Na daɗe ina jin daɗin wannan suna kafin in gane nauyin da ke cikinsa.

Kaka, mahaifiyar tasa, ba ta taɓa ganin majigi ba sai ranar da motar majigi ta zo filin zongo bayan magariba, aka kafa farin ƙyalle. Yara suka ruga gida suka ce mata ga ɗanta can a jikin ƙyalle. Ta yafa mayafi ta fito. Ta ga ya tsuguna bakin kududdufi ya sha, mutane suna ta dariya. Ta ga ya riƙe ciki yana gudu zuwa bayan gida, hannu ɗaya riƙe da wando, filin ya kece da shewa. Sannan ta ga ya kwanta a tabarma. A wajen ɗauka, Baturen ya ce masa ya kira uwarsa yadda zai kira ta in da gaske ne. Shi kuwa ya yi da gaske. Lasifika ta ɗauki muryarsa ta watsa ta ko'ina: "Inna! Cikina, Inna!"

Kawu ya ce da hoto ne kawai, da ta ce aikin Turawa ne ta koma gida. Muryar ce ta gama da ita. Ta kutsa cikin jama'a tana amsawa, ta kai hannu ga ƙyallen, a daidai lokacin da aka nuna shi naɗe cikin likkafani an ɗora a makara. Nan ta faɗi. Samari suka yi ta ce mata wasa ne, ta ce ita ta san muryar ɗanta in yana jin ciwo. Washegari mata suka cika gidan, aka shimfiɗa tabarmi, aka yi sadakar koko da masa. Babu waya a lokacin, saƙon da aka aika Akra kuma bai same shi da wuri ba. Har aka yi sadakar uku.

Da ya dawo da tsarabar atamfa, ta dube shi daga sama har ƙasa ta ce, "Na haifi ɗa, ya kira ni ban cece shi ba, na yi kukansa na gama. Wannan da ke tsaye ban san shi ba." Dattawan unguwa suka ƙara da nasu, suka ce wanda ya shiga likkafani da ransa don a biya shi ya yi wa mutuwa izgili. Kawu ya bar majigi a makon nan, ya kama fataucin goro don ta huce. Ba ta huce ba. Na taso na same ta tana zuba masa tuwo da hannunta, ta zaɓar masa tsoka mai kyau, amma sai ta miƙo mini kwanon ta ce, "Kai wa baƙon nan." Haka suka zauna gida ɗaya har ta rasu. Ina son Kaka, sunanta nake ɗauke da shi, amma har yau ban yafe mata wannan ba.

Shi ya bar majigi, majigi bai bar shi ba. Turawa sun tafi, motar ta ci gaba da yawo da tsofaffin faifai ƙauye-ƙauye da makarantu. A nan ne Yaya ya sha tasa. Yana firamare aka nuna wa ajinsu mahaifinsa yana gudu riƙe da wando. Daga ranar yara suka sa masa ɗan mai zawo, in ya wuce su riƙe ciki su faɗi ƙasa. Ya yi dambe har ya gaji. Ina faɗin wannan don kada a ce na zalunce shi: Yaya ya riƙe mahaifinsa da kyau, shi ya kawo shi Amurka, ya kai shi Makka, da kuɗin aikin gadin da yake yi a wani ginin gwamnati can kudu maso yammacin Washington. Sharaɗi ɗaya ya kafa, kada a ambaci majigi a gidansa.

Alherin da Kawu ya yi mini daga majigin nan ya fito. Shekarata ta farko a aiki, wata tsohuwar Baturiya da nake kula da ita ta cika a hannuna. 'Ya'yanta suna wata jiha, daga ni sai ita a hawa na sama. Na tsaya kamar gunki har numfashinta ya ɗauke, ban ce mata komai ba, don na ga idonta a rufe na ɗauka ba ta ji. Na dawo Clinton na ce na bar aikin, gara in koma Kumasi in sayar da koko. Kowa ya hau ni da faɗa a kan takardun zama da kuɗin haya. Sai da aka watse, Kawu ya kira ni bakin tagarsa.

"Inna, zauna. Ni na kwanta a makara an rufe mini fuska, an ce kada in motsa ko da ƙuda ya sauka. Kin san abin da na gano? Kunne ba ya rufuwa. Ina jin takun masu ɗauka, ina jin wanda ke guna-gunin na yi nauyi. Abin da na fi so a lokacin shi ne wani ya ce mini sannu. Wasa ne fa, amma na so. To, ki koma aikinki. In kin ga sun rufe ido, ki riƙe hannu ki yi ta magana, ko da Hausa ce."

Na koma. Tun daga lokacin ban bar kowa ya tafi cikin shiru ba. Turawa da dama sun bar duniya suna jin ina ce musu sannu, Allah Ya sawwaƙe, da harshen da ba su sani ba.

Rigimarsu da Yaya kuwa a gabana aka yi ta. Babbar jikar Kawu aka ba ta aikin makaranta, ta tambayi wani tsoho a gidansu abin da ya yi yana matashi. Ta zo da Turancinta, ni ina fassarawa. Kawu ya leƙa taga ya ga motar Yaya ba ta nan, sai ya ce bari ya nuna mata, faɗa ba ta isa ba. Ya miƙe, ya tafa hannu. Wallahi ban taɓa ganin abu irin wannan ba. Tsoho mai dogara sanda ya tsuguna a kan kafet ya kamfaci ruwan da babu shi, ya sha, ya lashe baki. Fuskarsa ta fara sauyawa a hankali. Ya dafe ciki, ya zaro ido, ya yi ɗan gudun nan. Yaran suka yi ta birgima don dariya, ni har da hawaye. Sannan ya sulale ƙasa, ya yi kiran nan, ya miƙe ƙafa ya daina numfashi.

Daidai nan Yaya ya turo ƙofa da kayan aiki a jikinsa. Ya ga mahaifinsa a ƙasa. Ya yar da jaka, ya zube a gwiwa ya rungumo kansa yana cewa, "Baba! Baba! Ku kira motar asibiti!" Muryarsa ta koma ta ƙaramin yaro. Kawu ya buɗe ido ɗaya.

Yaya ya sake shi ya miƙe. Ya ce, "Ka yi wa uwarka, yanzu kuma ni? Sau nawa kake so a yi kukanka, Baba?"

Na ce, "Haba Yaya, yaran ne suka tambaya."

Ya ce, "Ke kuma rufe mini baki, yau ba ranar wasan taubasai ba ce. Na ƙetare teku don 'ya'yana su tashi ba wanda zai riƙe ciki in sun wuce. Ba a gidan nan ba."

Kawu ya lallaɓa ya kama kujera ya tashi, ya ce, "Ka yi haƙuri." Uba yana ba ɗansa haƙuri a gaban jikoki. Yarinyar ta rubuta wa malamarta cewa kakanta ɗan kasuwa ne. Daga ranar ya daina tafa hannu, ya daina cewa a sake. Yara suka koma jefa masa gaisuwa a tsaye, yana ɗaga musu hannu kawai. Wannan shi ne shiru-shirun da masu ta'aziyya suka sani.

Da ciwon gaske ya zo, a ciki ya kama shi. Ya ɓoye wata da watanni. Ni na lura tuwonsa yana dawowa kusan yadda aka kai. Na tsare shi, ya ce, "In na riƙe ciki a gidan nan, wa zai yarda?" Ko da aka kai shi asibiti, likitoci suka ce an makara. A can ne ya yi mini wasiyyar nan. Ya ce, "Ba na neman a ce na iya. A dai ce na yi." Ranar da zai cika, bayan la'asar, idonsa a rufe, ya ce, "Inna." Na san ba ni yake kira ba. Na riƙe hannunsa na ce, "Na'am, ɗana, ga ni." Yaya yana tsaye a ɗaya gefen gadon, ya juya fuskarsa ga bango.

A kwanakin farko na makoki ban sami fuska ba, Yaya yana tsaye kan kowace magana. Na jira addu'ar arba'in. Maza suna falo a sama, mu mata muna ɗakin ƙasa da tukwane da yara. Da aka gama rabon abinci na miƙe na ce, "Iyayena da 'yan'uwana, marigayi ya bar mini saƙo. Ya ce a faɗa muku shi ɗan wasan majigi ne tun zamanin Turawa, lokacin da majigi ya fara magana. Shi ne yake fitowa a wawa."

Na zaci za a yi salati ko a yi tsaki. Ba a yi ko ɗaya ba. Wata ta ce, "Ayya," ta ci gaba da naɗe sauran nama a leda. Wata budurwa ta tambaya ko ana samunsa a intanet, na ce a'a, ta mayar da kai kan wayarta. Abin kunyar da gidanmu ya yi shekara da shekaru yana dannewa, ashe ko kallo bai ishi kowa ba. Na ji kamar in zauna in fashe da kuka.

Sai wata tsohuwa a lungu ta ajiye cokali. Hajiya ce daga Kumasi, 'yarta ta kawo ta renon jikoki, ban ma san ta ba. Ta ce, "Tsaya, 'yata. Wane wawa? Ba dai mai shan ruwan kududdufi ba? Mai gudu da wando a hannu?"

Na ce, "Shi ne, Hajiya."

"Ei! La'ilaha illallahu!" Ta tuntsire da dariya har mayafinta ya zame. "A cikin garin nan yake ban sani ba? Ina ƙarama aka kawo shi ƙauyenmu. Mutumin nan ya iya paa, ya iya ƙwarai! Mun yi dariya, da ya mutu kuma muka yi kuka. Tun daga ranar uwata ba ta ƙara ba mu ruwan rafi ba sai ta tafasa. In ka kai kofi bakin randa ta ce, so kake ka bi wawan majigi?" Ta miƙe da ƙyar, ta dafe ciki da hannu ɗaya, ɗayan ta kama zani, ta yi taku biyu tana zaro ido. Ɗakin duka ya ɗauki dariya, har masu waya suka ɗago kai.

Ƙofar sama ta buɗe. Yaya ya sauko rabin matakala da carbi a hannu, ya ce, "Lafiya? Ana addu'a a sama."

Hajiya ta share hawayen dariya ta ce, "Kai ne ɗansa? Zo in gan ka. Ubanka ne ya sa aka tafasa ruwa a gidanmu."

Yaya ya dube ta, ya dube ni. Ya rusuna cikin ladabi ya ce, "Hajiya, ina jin kin yi kuskure. Mahaifina goro ya sayar."

Tsohuwar ta duba fuskarsa, ta gane a gidan wa take, ta gane abincin wa ta ci. Ta gyara mayafinta ta koma ta zauna. Ta ce, "To, ɗana, ka yafe mini. Tsufa ne. Wataƙila wani ne." Yaya ya hau ya ja ƙofa. Mata suka ci gaba da kwashe kwanuka.

Ban ƙara ganin Hajiyar ba, an ce ta koma gida da bazara. Ni da Yaya muna gaisawa, amma wasan taubasai ya mutu a tsakaninmu. Na san zai ga wannan rubutu, na san ransa zai ɓaci, kuma na yarda.

Kawu, Allah Ya jiƙanka, Ya yalwata maka kabari, Ya sada ka da mahaifiyarka a inda za ta kira ka da sunanka. Hajiya kuma, in wani ya karanta miki wannan a can Kumasi: ba tsufa ba ne, ba kuma wani ba ne. Shi ne.